Mayafin Goggo a Duniyar Wata

Haɗejiya

Zuwa ga 'yata Zulfa,

Bayan sallama irin ta addinin Musulunci, ina fatan kina lafiya, ya karatu a Kano?

Ki yi haƙuri da abin da zan faɗa. Babanki, Yaya Bunu, ya sauke a wayarsa katun ɗin da kika zana, wanda wasu halittu suke saukowa daga duniyar wata su saci kifi a fadama. Kin san sabis ɗin waya can wajensu a Guri, ƙaramin kwafi kawai ya iya saukewa, hoton duk ya yi dishi-dishi. Ya ce matar da kika yi da kamannina tana tuƙa jirgin sama kai ba lulluɓi. Ya ce ki tattaro kayanki, an gama karatun zane.

Ni ban gani ba, kuma ba na shaidar abin da ban gani ba. Ki faɗa mini gaskiya.

Goggonki,
Adila

*

Kano

Goggo, barka da gida.

Wallahi da mayafinki! Baƙi ne, sararin sama ma baƙi, shi ya sa a ƙaramin suka haɗe. Don Allah ki sa a sauke miki babban. Ni in na kira Baba ba ya ɗauka.

'Yarki,
Zulfa

*

Haɗejiya

Zulfa, Alhamdu lillahi.

Na zauna a shagon mai cajin waya har babban ya sauka tas, na hau mota sai Guri. Na tarar da Yaya a gindin tsamiya da abokansa masunta. Na gaishe su, na miƙa masa wayar.

Ga mayafi nan har ƙirji, har zanen bakinsa ana gani. Ɗaya daga cikinsu, Malam Shu'ibu, ya ce, "Bunu, ashe idonka ne ba lulluɓi!" Da aka zo inda na kama shugaban ɓarayin da birgi, ragar nan ta kamun kifi, yana kuka yana roƙon a bar masa tarwaɗa ɗaya, Yaya ya yi dariya har hularsa ta faɗi. Astagfirullah, ni ma na yi ta da ƙarfi a gaban maza.

Ga saƙonsa a ƙasa. Allah ya yi miki albarka.

Adila

*

Zulfa, ki zauna ki yi karatunki. Amma ba haka ake jefa birgi ba, kada ki kunyata ni a duniyar wata. In kin zo hutu zan nuna miki.

Babanki