Bijimin Buba Ya Ƙetare Iyaka

Assalamu alaikum Yaya Sani,

Bayan gaisuwa mai yawa, ina fatan kana lafiya, kai da iyali. Ya aiki, ya zaman Fatakwal? Mu nan Bagudo lafiya lau, ƙafar Inna ma ta yi sauƙi.

Fim ɗin nan nawa ne ya hana ni sukuni. Ni na rubuta labarin, ni ke ba da umarni, ni ke riƙe kyamara, ni ke tacewa. Abu ɗaya na manta: ban tambayi Buba, makiyayin da ya ara mana farin bijiminsa, yaushe za su tashi ba. Labarin kuwa kacokan a kan bijimin yake. Mun ɗauki rabi, ranar Talata muka je rugar, sai turaku kawai. Sun ƙetara ƙasar Benin neman ciyawa, sai damina za su dawo.

Na aro wani farin bijimin a ƙauyen Kurgu muka ƙarasa. Kwana tara ina tacewa, sannan na tara dangi a zaure su gani. Ana kaiwa tsakiya Kawu Manu ya miƙe: "Kai, wa ya musanya san nan? Wancan ƙahonsa na hagu a karkace yake, wannan ko tozon kirki ba shi da shi!" Zaure ya kaure da gardamar shanu. Ba wanda ya kalli ƙarshen fim.

Ka gaida maiɗakinka da yara. Ka taya ni addu'a, Yaya, Allah ya kawo ruwa da wuri, ya kuma hana Buba sayar da bijimin nan.

Ƙaninka,
Nasiru