Layin da Baba Ya Yanke

Zuwa ga Yaya,

Assalamu alaikum. Ina gaisuwa, ke da maigidanki da tulin fayil-fayil ɗinki na asibiti. Mu ƙalau, ban da babban yatsan ƙafar Baba na dama da ya sake kumbura har ba ya iya taka keken ɗinki. Ko ƙuda ya sauka a kai sai ya yi salati.

Wasiƙa na aiko ta hannun direba, don kin san kunnen Baba in ana waya. Jiya ya aike ni ɗauko alli a aljihun teburin shago, sai na ci karo da takardar asibitinsa. Ga abin da ke jiki, na kwafo miki baƙi-baƙi kamar yadda muke kwafa a allo: M1A.3711. Na ce masa ai yawan tsokar naman da ya ci ne tun yana saurayi, likita ya ƙirga. Ya jefe ni da takalmin dama, tunda dama ya daina shigarsa.

Ke da kullum kike cika baki aikinki ba wa cuta lamba, to ga ranarki. Me ake nufi? Kuma me ya haɗa cuta da lamba, mota ce?

Ki gaida yara.
Naki, Auta.

*

Zuwa ga Auta sarkin tsokana,

Wa alaikumus salam. Saƙonka ya iso, ina fata Umma na lafiya.

Likita yana rubuta bayani, mu kuma mu mayar da shi lamba, don duk asibitin da takarda ta je a gane cutar ba sai an yi gardama ba. Ga fassarar taka. Farkon yana nufin ciwon gaɓa da ake kira gawut, wanda ya zauna a jiki. Bakwai da ɗaya, ƙafar dama. Ɗayan ƙarshe, an ga ƙululu mai tauri a gaɓar.

Ukun nan na tsakiya ne ya tsaya mini a rai. Ba nama yake nufi ba. Yana nufin ƙoda ce ta gaza tace jini, dattin ya taru a gaɓa. A ƙa'idar aikinmu wannan lambar ba ta tafiya ita kaɗai: dole a fara rubuta ta ciwon ƙodar a samanta. Koma ka duba layin sama ka kwafo mini.

Ni ba likita ba ce, amma in yana shan ƙwayar kashe zafi ta kemis, a dakata har likitansa ya gani. Wasunsu na ƙara wa ƙoda rauni.

Kada ka tayar wa Umma da hankali tukuna.
Yayarki.

*

Zuwa ga Yaya,

Salamu alaikum. Ina gaisuwa. Da farko, "yayarki" kika rubuta kamar ni mace ce, ashe hankalinki ma ya tashi. Na yafe.

Na koma na duba. Babu layin sama. Kuma ba yagewa ta yi ba, yankan almakashi ne, miƙaƙƙe kamar bakin riga. Kin san hannun wa ke nan.

Maganar ƙwaya kuwa, ni ne mai laifin. Wata huɗu ke nan kullum ni ke sayo masa jajayen nan, in ɓoye a gwangwanin maɓallai kada Umma ta gani. Har cewa nake ni ne likitansa. Da na karanta wasiƙarki sai da na zauna a kan benci.

Na ce bari in yi masa dabara. Na same shi yana ɗinki da hannu, na ce, "Baba, Yaya ta ce takarda marar kai ba ta aiki. In ka kai ta haka, za su ɗauke ka mai haihuwa su kwantar da kai ɗakin mata."

Na zaci takalmi zai biyo. Ko motsi bai yi ba. Ya ce, "Kai, ɗan nema, wa ya aike ka bincike?"

Na ce, "Ƙoda ce, ko?"

Ya daɗe yana zura zare a allura, ya kasa. Na karɓa na zura masa. Ya ce, "Uwarku hawan jini gare ta. In ta ji, ita za a fara kwantarwa." Ya ce tun wancan watan aka ba shi ranar ganin likitan ƙoda, bai je ba. Sai ya ɗaga murfin keken, ya zaro guntuwar takardar daga ƙarƙashin kwarkwaro ya miƙo mini.

Ga shi: N18.4.

Na kwashe ƙwayoyin, suna aljihuna. Yana ta mita wai na zama ɗan sanda. Amma Yaya, huɗun nan fa? Huɗu cikin goma ne, ko cikin ɗari? Na tambaye shi, ya ce in je in share shago.

Allah Ya bar zumunci.
Auta.

*

Auta,

Wa alaikumus salam. Cikin biyar ne. Matakan ciwon ƙoda biyar ne, nasa yana na huɗu.

Na ɗauki hutu, ina tafe ranar Asabar. Litinin mu uku za mu je asibitin, ko da goya shi za ka yi. Ka ce wa Baba ni zan zauna da Umma in gaya mata a hankali, shi dai ya kasance a ɗakin.

Ka gaishe shi. Ka riƙa sa shi dariya kafin in iso.
Yaya.