Kafa Biyu a Katangar Baba

Litinin, 4 ga Nuwamba, 2024
Kwana arba'in yau da rasuwar Baba. An yi addu'a, an watse. Inna ko kallona ba ta yi ba.

Alhamis, 7 ga Nuwamba
Bari in rubuta, ko na samu sauƙi. Tun zamanin kakanni akwai kafa biyu a gindin katangar gidanmu na ƙauye, gabas da yamma, suna duban juna. Baba ya ce wata hanya ce a ƙarƙashin ƙasa, daga dutsen bayan gari zuwa tsohuwar kukar kufai, ta ratsa tsakar gidanmu, kuma ba a tare ta. Kullum da hantsi sai ya shimfiɗa buzu a kanta, ya tuɓe takalmi, wai ɗumin wurin ke sassauta masa ciwon ƙafa. Ni kuwa, sarkin sani, na kwaso bulo daga Dutse na toshe duka biyun. Na ce masa camfi ne. A gaban birkila fa! Ya ce, "To, ɗan boko." Bai ƙara zama a wurin ba.

Asabar, 16 ga Nuwamba
Likita ya ce hawan jini ne ya kashe Baba. Na sani. Ajali ne, na sani.

Lahadi, 24 ga Nuwamba
Ƙanwata Safiyatu ta zo daga Taura. Da zarar takaba ta ƙare za ta tafi da Inna, Inna kuma ta yarda. "Gidan nan ya toshe, numfashi ma da ƙyar." Safiyatu Inna ta gaya wa haka, ba ni ba, alhali ina tsaye. In ta tafi gidan ya mutu ke nan, kuma ni na kashe shi. A hanyar komawa Dutse na tsayar da mota kafin Kiyawa na yi kuka mai isata.

Talata, 3 ga Disamba
Na ari guduma na cire bulo biyu, gabas da yamma. Maƙwabcinmu Malam Ikrima ya leƙo. "Lafiya, Habibullahi?" Na ce magudanar ruwa nake yi. Ya ɗaga kai ya dubi sama. Damina sai nan da wata shida. Ya ce Allah ya taimaka.

Inna ta fito da buzun Baba ta shimfiɗa a inda ya saba zama. "Tuɓe takalminka." Maganarta ta farko gare ni tun ranar jana'iza.

Na tuɓe. Ƙasa ce dai kamar kowace ƙasa. Ban tashi ba sai da aka kira azahar.