Sarƙar da Na Ƙera wa 'Yar da Ban Haifa Ba

Da sunan Allah Mai rahama Mai jinƙai. Ni mahaifinku, maƙerin azurfa, nake rubuta wannan da hannuna, cikin hankalina, ba wanda ya tilasta ni, ba kuma zafin ciwo ne ke magana ba. Idan kun ga rubutun yana karkacewa, hannun ne ke rawa, kan yana nan daram. Likita ya yi ta kewaye-kewaye, amma na shekara arba'in ina kallon fuskar masu kawo mini jabu suna rantsuwa azurfa ce, na san fuskar mai ɓoye magana. To, alhamdu lillahi. Ku ukun nan, Babba da Mai Waya da Auta, ku zauna wuri ɗaya ku karanta, mahaifiyarku tana gefe. Kada wanda ya tsallake layi don yana jin nauyina.

1. Gida da abin da ke cikinsa a raba yadda shari'a ta ce. Ɗakin mahaifiyarku kada a taɓa ko labulensa muddin tana raye. Abin da zan ba wani a ƙasa bai kai sulusin abin da na bari ba, na tambayi masu sani, saboda haka kada Mai Waya ya fara wannan ɗaga girar tasa.

2. A durowar sama ta shago akwai kayan mutane da aka kawo gyara, kowanne a naɗe da takarda. Zoben matar mai burodi an gama shi. 'Yan kunnen malamar asibiti ɗaya ne ya gyaru, ku gaya mata gaskiya, ɗayan hannuna ya gaza. A mayar wa kowa nasa kafin a rufe shagon.

3. A durowar ƙasa, wadda nake kullewa, akwai ƙaramin gwangwani. Duk kun san shi. Babba ya fi kowa saninsa, don tun da aka duba matarsa aka ce mace ce a cikin, idonsa yake kan durowar nan. A kan gwangwanin nan ne na ɗauki biro, sauran duk rakiya ne.

Shekara talatin da ɗaya ke nan, ina sabon aure, wani dattijo malamin Larabci ya kawo mini zobensa ya tsage. Ya zauna a kan bencin nan mai gajeriyar ƙafa, yana kallona ina narka azurfa. Da ta narke ta kwanta fara tas, sai ya faɗi wata kalma da ban taɓa ji ba. Na tambaye shi, ya bayyana mini cewa Larabawa suna da sunan azurfa na kasuwa, fidda, wanda ake ciniki da shi. Suna kuma da wani tsohon suna da mawaƙansu na dā suke kiran ta da shi idan suna yabon haskenta, har sukan kwatanta ruwa garai-garai da shi. Ya ce shi ne suke raɗa wa 'ya'yansu mata. Sunan shi ne Lujain.

Wallahi sai na ji kamar don ni aka ajiye sunan nan. Ni da na tashi cikin hayaƙi, hannuna kullum baƙi, a ce akwai sunan 'ya mace da ya fito daga abin da ke cikin wutata! Na roƙi dattijon ya rubuta mini shi da harufan Larabci a bayan takardar da nake naɗe kaya, ban karɓi ladan gyaran zobensa ba. Kwana tara na yi ina zana harufan nan a kan azurfa mafi kyau da na mallaka, na yi mata 'yar siririyar sarƙa daidai wuyan yarinya. A lokacin mahaifiyarku tana da cikin Babba wata uku, ni kuwa na riga na gama yanke wa kaina hukunci cewa mace ce.

Mutum ɗaya na nuna wa, ƙanena, baffanku direba.

Ku ba ku san baffanku a ƙuruciya ba. Shi ne mai dariya, shi ne wanda in ya shigo gida kowa ya saki fuska. Mahaifinmu ya bar shi ya gudu daga maƙera ya bi mota, ni aka bar wa zuga-zugi. In ya dawo daga tafiya da 'yar tsarabar da ba ta taka kara ta karya ba, sai a yi ta shi masa albarka, ni da nake ciyar da gidan kullum ba mai cewa sannu. Na haɗiye wannan duka, don ina da abin da ba shi da shi. Shi ya sa na nuna masa sarƙar, ba don zumunci ba, don ya gani ne ya ji abin da nake ji. Ya juya ta a tafin hannunsa, ya sa na maimaita masa sunan sau biyu, ya yaba.

Bayan wata biyu matarsa ta haifi mace. Ranar suna ina zaune a cikin mutane, da sabuwar rigata, na ji an ambaci sunan da aka raɗa mata. Sunana! Sunan da ke kulle a durowata. Baffanku ya taho yana washe baki, ya rungume ni, wai ya yi ne don girmama sana'ar yayansa da ta mahaifinmu. Wai in tawa ta zo sai su zama takwarori. Na tashi na koma shago na yi ta dukan ƙarfen da ba ya bukatar duka har la'asar.

Tawa kuwa ba ta zo ba. Babba ya zo, Mai Waya ya zo, Auta ya zo, daga nan Allah ya rufe. Kada ku yi mini mummunar fahimta, ban taɓa kallon ɗayanku na ce da ma wani ne ba. Amma duk haihuwa sai na buɗe gwangwanin nan na goge sarƙar, kuma duk haihuwa sai na mayar da ita. Shi kuwa baffanku mata uku Allah ya jera masa, sauran biyun ma ko damuwa bai yi da neman musu suna mai ma'ana ba.

4. Abin da na yi wa 'yar baffanku, ku sani laifi ne, kada ku gaje shi.

Shekara talatin da ɗaya ban taɓa kiran ta da sunanta ba. 'Yar direba nake ce mata, ko in ce ke. Kun ɗauka wasa ne har kuka koya, Auta ma har ya girma bai taɓa kiran ta da sunanta ba. Mahaifiyarku ce kaɗai take kiran ta da sunan a gidan nan, tana jan shi da daɗi tun daga kicin, ni kuwa in na ji sai abinci ya fita raina. Na sha yi wa mahaifiyarku fushin da ba ta san dalilinsa ba, ko ta sani ta yi shiru. Ta yafe mini.

Abin da ya fi ci mini rai, yarinyar nan ta tashi da hannun maƙeri. Ku ukun nan na ja ku shago da lallashi da tsawa. Babba ya ce alli da allo yake so, Mai Waya ya ce hayaƙi na sa shi tari, Auta kuwa da ya ga na ƙone yatsa sai ya fi sha'awar ɗaure ciwon, ga shi yau a asibiti yake. Ita da ba wanda ya kira, in an aiko ta sai ta tsaya bakin ƙofa tana kallon yadda nake riƙe awartaki. Da ta gama sakandare ta zo da kanta ta durƙusa ta roƙi in koya mata. Na ce mata ba aikin mata ba ne. Ƙarya nake yi, na san mata biyu da suka fi ni iya saƙa sarƙa. Gaskiyar ita ce ban iya jure in ga 'yar baffanku, da sunana a kanta, tana zaune a kan bencina, shi kuma yana yawo yana cewa 'yarsa ce ta gaji mahaifinmu.

Sai ta tafi wajen wani maƙeri a bayan kasuwa ta koya. Bara wata mata ta kawo mini awarwaro in ƙara masa faɗi. Na juya shi, na duba haɗin da madubin ido, ban ga inda aka haɗa ba. Na tambayi wanda ya yi, ta ce 'yar ƙanena ce, tana murmushi a zatonta zan yi murna. Kai! Ranar nan ban san abin da ya fi ƙona ni ba, kyan aikin ko kuwa cewa wani ne ya koya mata.

Tun da na kwanta, ita ce take barin shagonta duk hantsi ta zo ta dama mini abin da zan iya haɗiya. Ita ta lura sabon magani yana sa ni jiri kafin Auta mai aikin asibiti ya lura. Tana gaishe ni Baba, ni ina amsawa da yauwa, ke. Jiya na buɗe baki zan faɗa, sunan ya zo har kan harshena, na ce ta miƙo mini ruwa.

5. Kayan aikina duka, uwar maƙera, gudumomi, awartaki, magagari, sikeli, har bencin mai gajeriyar ƙafa, nata ne. Kada a sayar da ko tsinke. Ku ɗauka da hannunku ku kai mata, kada ku aika ta zo ta kwasa. Ku gaya mata ƙaramar gudumar nan mai ƙotar da aka ɗaure da waya ta kakanta ce.

6. Baffanku. Nan ne biron ya fi yi mini nauyi. Kada ku ɗauka na zama waliyyi don na kwanta, har yanzu in na ji dariyarsa a ƙofar gida sai raina ya ɓaci. Ya tsufa, idonsa ya yi rauni, motar ma an sayar, amma yana da wadda za ta shigo ɗakinsa ya kira ta da sunan nan ta amsa. Ina kishinsa, kuma da alama da kishin za a binne ni, Allah ya yafe mini. Sai dai na yi ta juya maganar a gadon nan, na gane mutumin nan har yau bai san ya yi mini komai ba. Shekara talatin da ɗaya yana zaton halina ne ɗaure fuska. Ku karanta masa wannan takardar duka, kada ku rage. Shi zai tsaya a gaba a jana'izata, shi ne ubanku bayana. Duk abin da za ku yi na aure ko na suna, ƙofarsa za ku fara bugawa.

7. Babba, na san kana so ka raɗa wa 'yarka sunan nan don ka faranta mini, ka kuma rataya mata sarƙar. Allah ya yi maka albarka. Ba zan ɓoye maka ba, da aka ce mace ce na yi murnar da ba ta dace ba, na ce a raina yau sunan zai dawo gidansu. To, ban yarda ba. Idan kai da matarka kuna son sunan, ka je wajen mai shi ka nemi izininta, a raɗa shi a kan yarinyar takwararta ce, kowa ya ji haka. Sarƙar kuwa ba ta jikata ba ce.

8. In kun buɗe gwangwanin za ku ga sarƙar ba yadda kuka san ta ba. Watanni biyun ƙarshe da nake lallaɓawa shago kuna faɗa, ba aikin kowa nake yi ba, tsawo nake ƙara mata, gaɓa bayan gaɓa, don wuyan yarinya na auna, mai ita kuwa ta girma ina kallo. Sababbin gaɓoɓin ba su kai tsofaffin kyau ba, za ta gani da kallo ɗaya. Ƙugiyar da ake maƙalawa kuwa sau huɗu ina gwada haɗa ta hannuna yana zubar da ita, na naɗe ta daban a takarda. Kada ku kai wa kowa ya ƙarasa. Ku ba ta haka, ita ta san yadda za ta yi, kuma ba za a ga haɗin ba.

Sauran magana kaɗan ce. Ku riƙe salla, ku riƙe mahaifiyarku. In Allah ya ba ɗayanku abin da ya hana ɗaya, wanda aka hana ya buɗe baki ya faɗi abin da ke ransa tun da wuri, kada ya kulle shi a durowa kamar ubanku. Gidan nan da gidan baffanku gida ɗaya ne, ni na raba shi, ku ku haɗa. Allah ya yi muku albarka, kai Babba, kai Mai Waya, kai Auta, ya sauki matar Babba lafiya, ya haɗa kanku, ya sa ku gama da duniya lafiya.

Wannan layin na ƙarshe ba naku ba ne, ku miƙa mata takardar ta karanta da kanta.

Lujain, 'yata, ga sarƙarki, ta daɗe a wurina. Ki yafe wa Babanki.