Talatin Cikin Ɗari

Laraba, bayan isha'i. Mabera.

Yau ɗiyata Hadiza ta kira daga Kaduna. Na tambaye ta ko suna tahowa da Sallah, don tun rasuwar mahaifiyarta gidan nan ya yi mini girma.

Ta ce, "Baba, kashi sittin cikin ɗari za a ba ni hutu a asibiti. Shi kuma maigidan, dawowarsa daga kwas hamsin-hamsin ne. In duka biyun sun yiwu, sai dai ka gan mu. Ai mun wuce rabi ke nan."

Shekara ashirin da takwas na yi ina koyar da lissafi. In dole sai abu biyu sun faru tare, kuma ɗaya bai rataya a kan ɗaya ba, ninka su ake yi. Sittin sau hamsin, a raba da ɗari, talatin ke nan. Sauran saba'in ɗin kuwa ni ne da rediyona a zaure.

Har na buɗe baki zan gyara mata, sai na ji yadda murna ta cika muryarta. Na ce, "Haka ne, Allah ya kawo ku lafiya." Ban taɓa barin kuskuren lissafi ya wuce ni ba sai yau.

Bayan la'asar na buɗe ɗakinsu, na share, na shanya katifa. Maƙwabcina ya leƙo ya ce, "Malam, baƙi za a yi?" Na ce ana dai sa rai.

Gobe zan nemo ƙaramin gidan sauro. An ce jikata ta fara tafiya, ni ban gani ba tukuna.