Tuwon da Na Kai Maka Otal

Zuwa ga mahaifina, a ƙasar Italiya.

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa da fatan ka koma lafiya. Na gaishe ka ne don haka Umma ta koya mini, ba don raina yana so ba.

Abba, akwai abin da ban taɓa faɗa wa kowa ba. Ranar da na kai maka abinci otal, na dawo gida na ce wa Umma ka cinye tas, har ka tambayi ko da ƙari. Ƙarya na yi mata. Ni da kai mun san ko cokali ba ka ɗaga ba.

Shekara shida kana can. A duk saƙon murya da ka turo, wanda na fi saurara shi ne wanda kake ba mu labarin wani abinci, wai shi polenta, da miyar yalon Turawa. Ka ce, "Ku ba za ku gane daɗinsa ba sai kun ci." Na rubuta sunan a bayan littafin lissafina. A littattafan soyayyar da nake ɓoyewa ƙarƙashin filo, idan mutum ya daɗe a nesa, loma ɗaya yake yi idonsa ya ciko, ya ce ya dawo ke nan. Na san labari ne. Duk da haka na yarda.

Da ka zo Abuja da oganka na kwana goma, ka ce ba za ka samu zuwa Karu ba saboda cunkoson hanya, a turo ni kawai. Ni kuwa na ari wayar Umma na kalli yadda ake girkin nan da kake yabo har sau bakwai.

Ni da ko mai kanti ba na iya haɗa ido da shi, na zagaye kasuwar Karu ina tambayar babban yalo mai launin shuni. Wani mai kayan miya ya ce, "Ke yarinya, yalo dai yalo ne, ga shi nan fari tas." Sai Maman Blessing maƙwabciyarmu ce ta samo mini guda biyu a cikin gari. Ta miƙo mini tana cewa, "Wannan abu, babanki zai ci, zai manta hanyan jirgi."

Na yanka shi gutsi-gutsi, na barbaɗa gishiri, na bar shi ya tsane ɗacinsa ya fita. Na soya albasa da tafarnuwa a man zaitun, na zuba yalon, sai tattasai, dankalin Turawa da tumatir, na rage wuta. A ƙarshe na tsinka ganyen ɗoɗɗoya na watsa. Umma ta zo da daddawa a hannu, na tare tukunyar da jikina. Ta ce, "Miya ba daddawa? To Allah ya kyauta."

Sai polentar taka. Tsakin jar masara, ruwan zafi, gishiri. A zuba kaɗan-kaɗan, a yi ta juyawa kar ya yi gudaji. Ina cikin fama hannuna ya gaji, Umma ta leƙa tukunyar. Can ta karɓi muciyar ta ce, "Nusaiba, ai talge ne wannan. Shi ne abin da yake ta yabo?" Ta yi dariya har da riƙe ciki. Rabon da in ji ta yi irin wannan dariyar, na manta.

Ka tuna ko? Kai ne kake ture kwano kana cewa, "Kullum tuwon masara, kamar an yi mana baki." Ina ƙarama, amma na ji. Ka haye teku, ka je ka samu tuwon masarar da aka sa wa man shanu, kana turo mana labarinsa kamar ka gano zinariya.

Kuskure ɗaya muka yi. Su Turawan a faranti suke zuba shi da laushinsa. Umma kuwa hannunta ya saba, ta ɗauki mara ta kwashe shi malmala-malmala, ta naɗe kowace a leda, ta jera a kula yadda take yi kullum. Na ga abin, ban hana ta ba, don a hankali take naɗewa tana gyara gefe-gefen, kamar kayan biki.

Awa biyu na yi a mota da kuloli biyu a cinyata. A hanya na shirya abin da zan ce maka, na kuma shirya abin da za ka ce mini.

Ka sauko ka same ni a ƙofar otal. Ka ce na girma. Ka tambaye ni aji nawa nake, alhali na faɗa maka a waya sati biyu kafin nan. Sannan ka ɗaga murfin kula ɗaya, ka ga malmala a leda, ka ce, "Tuwo kika ɗauko mini tun daga Karu? Ku dai ba kwa canzawa." Ɗayar kular ta miya ko buɗe ta ba ka yi ba. Ka kira maigadi ka ba shi, ka ce oga yana jiranka a sama.

Sunan abincin yana bakina, Abba. Na kasa furta shi. Wannan kunyar tawa da kuke yabo, ranar na tsane ta.

Na tsaya gefen ɗakin maigadin har ya gama. Dattijo ne mai furfura. Ya wanke kulolin da kansa, ya ce, "'Yata, wa ya yi miyar nan? Allah ya yi wa hannunsa albarka." Maganar da na yini ina jira ke nan, ta fito daga bakin wanda bai san sunana ba.

Ka san abin da ƙaryata ta jawo? Umma ta auno jar masara ta ajiye. Duk Asabar sai ta gwada miyar nan, ba daddawa, tana tambayata ko haka kake so. Ta ce wa Maman Blessing zuwa na gaba a gida za ka sauka. Jiya na same ta tana koyon zuba polenta a faranti. Ni na yi mata wannan, amma kai ka sa ni.

Ba na so in tuna alherinka, sai dai yana zuwa da kansa. Lokacin da kake gyaran mota a Apo, kai ne kake fere mini rake, kana goge hannunka a riga kafin ka taɓa fuskata don kar baƙin mai ya ɓata ni. Wannan mutumin nake nema. In ka haɗu da shi a can, ka ce masa 'yarsa ta iya girki yanzu.

Allah ya tsare ka a inda kake, ya ba ka lafiya. Allah ya sa duk ranar da aka ajiye maka polenta a gabanka ka tuna hannun da ya tuƙa maka shi shekara da shekaru kana turewa. Amin.

Na yi niyyar sa wannan takarda a shafina na sada zumunta, inda na san kana leƙawa, masu bina su gani kai ma ka gani. Zan sa. Amma ba kai za ka fara karantawa ba. Yau Asabar, ina jin Umma a kicin ta ɗora ruwa, tana kirana in zo in yanka yalo. Zan ninke takardar in je in sa mata a hannu kafin ta zuba tsakin.

'Yarka,
Nusaiba, aji biyar na sakandare, tunda ka tambaya.