Damin Raken Inna Hure

Matamaye, daren Laraba

Na kasa cin tuwon da aka ajiye mini.

Shekara goma sha ɗaya ina ɗaukar fim da doka guda: ba na tambaya, ba na sa baki, ba na ce wa kowa ya maimaita. Sai dai in kafa kamara in yi shiru har mutane su manta da ni. Da haka na yi suna, ina kuma taƙama da shi.

Yau a fadamar Tsauni, Inna Hure, tsohuwar da nake bi tun da aka fara saran rake, ta ɗaure daminta ta naɗa gammo. Ta ciccibo damin ya kai gwiwa, ya koma ƙasa. Har sau uku. Ko baƙo ne ya zo wucewa, ɗora mata zai yi kafin gaisuwa. Ni kuwa ina tsaye kusa da ita, ina lura da yadda haske ya sauka kan jijiyoyin wuyanta.

Ta dubi kamara ta ce, "Ɗan nan, ba ka da hannu ne?"

Na ci gaba da riƙe kamara. Ta kwance damin ta raba biyu, ta yi sawu biyu zuwa bakin hanya. Duk na ɗauka a kamara.

Da na dawo na duba hoton a ordinatar, wato kwamfuta. Ban taɓa ɗaukar abin da ya kai shi kyau ba. Gobe zan koma in ɗora mata, in roƙi gafara. Amma na san halina. Hoton zai shiga fim, tambayarta ce kawai nake tunanin yankewa.